Yadda ake bin sawun rayuwar baƙon ɗan wasan fim, da misali daga Peter Lorre

A kowace masana'antar fim akwai 'yan wasan da ba su ne jarumai ba, waɗanda ake nema saboda wata kama ta fuska ko wata irin murya, a ba su rawar bos ko ɗan leƙen asiri ko mai shago, su yi fitowa uku ko huɗu su ɓace. Idan irin wannan ɗan wasa baƙo ne da ya yi hijira daga wata ƙasa, rubuta tarihinsa yana buƙatar wata dabara ta daban, domin jerin finafinansa kaɗai ba zai bayyana dalilin da ya sa aka yi ta ba shi irin rawar da aka ba shi ba. Rayuwar Peter Lorre, wanda ya baro Jamus ya ƙare a Hollywood, ta isa ta nuna yadda ake wannan aiki.

A fara da neman sunansa na yanka da garin haihuwarsa, sannan a duba garin a taswirar zamanin da aka haife shi. An haifi Lorre a ranar 26 ga Yuni, 1904, da sunan László Löwenstein, a gidan Yahudawa, a garin Rózsahegy na daular Ostiriya da Hungari. Yau sunan garin Ružomberok, kuma yana cikin ƙasar Silobakiya. Ya yi samartakarsa a Viyana, ya yi suna a Berlin, ya zama ɗan ƙasar Amurka a 1941. Saboda haka ne za a ga wani ya kira shi ɗan Hungari, wani ɗan Ostiriya, wani kuma Bajamushe, kuma abin da ya fi dacewa ga mai rubutu shi ne ya jera waɗannan wurare da shekarunsu, ya bar mai karatu ya ga yadda iyakokin ƙasashe suka yi ta sauyawa a kansa.

Daga nan sai a nemi aikin da ya yi kafin hijira, a kalle shi da harshen da aka yi shi, ko da sai an dogara da fassarar da ke ƙasan allo. Wannan mataki shi ne ya fi kowanne muhimmanci, kuma shi ne masu gaggawa suka fi tsallakewa. Lorre ya yi wasan dandamali a Berlin tare da marubucin wasan kwaikwayo Bertolt Brecht, sannan a 1931 darakta Fritz Lang ya ba shi babbar rawa a fim ɗin M, inda ya fito a matsayin mai kisan yara wanda 'yan sanda da ɓarayin birni suke farauta a lokaci guda. A kula da wurin da aka buga masa harafin M da alli a bayan kwat ɗinsa, ya juya ya hango shi a madubin gaban wani shago, idanunsa suka firfito, ba tare da ya furta kalma ko ɗaya ba. A kula kuma da fitowar ƙarshe, inda 'yan daba suka gurfanar da shi a wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa, ya durƙusa yana kururuwa cewa ba shi da ikon hana kansa. Wanda ya ga waɗannan wurare biyu ya sami ma'aunin da zai auna duk abin da aka ba mutumin daga baya, kuma a ganina yawancin abin da aka ba shi bai kai rabin ƙarfinsa ba.

Sai a tsayar da shekarar ficewarsa da dalilinta. Lorre ya bar Jamus a 1933, shekarar da Hitler ya hau mulki, ya ratsa ta Paris ya isa Landan. A 1940 'yan Nazi sun ɗauki wani yanki na wasansa a M suka saka a wani fim na farfagandar ƙin Yahudawa, wanda ya nuna abin da ke jiransa da ya zauna.

Abu na gaba shi ne harshe, domin lafazin baƙo yakan zama jarinsa kuma ya zama dabaibayinsa. Lokacin da darakta Alfred Hitchcock ya ɗauke shi a fim ɗin The Man Who Knew Too Much a 1934, Lorre bai iya Ingilishi sosai ba, don haka ya haddace yawancin maganganunsa ta hanyar bin sautinsu, kamar yadda yaro yake haddace karatun da bai san ma'anarsa ba tukuna. Mai bincike ya riƙa sauraron muryar fim bayan fim, ya kuma rubuta ƙasar da aka ce mutumin ya fito a kowace rawa. Zai tarar cewa tsakanin 1937 da 1939 kamfanin Twentieth Century Fox ya sa shi ya fito a matsayin Mr. Moto, ɗan sandan ciki ɗan Japan, har a finafinai takwas. Bayahude daga tsakiyar Turai ya koma mutumin Japan, saboda a wurin masu kamfanin duk wanda lafazinsa ba na Amurka ba ne zai iya zama ɗan kowace ƙasa.

Kada a ɗora wa ɗan wasa alhakin zaɓen da ba shi ya yi ba. A Hollywood ta wancan zamani kamfani yakan ɗauki ɗan wasa da kwantiragin shekaru, ya biya shi albashin mako, ya sa shi a fim ɗin da ya ga dama, har ma ya ara wa wani kamfani shi. Haka kamfanin Columbia ya ara wa kamfanin MGM Lorre a 1935 don wani fim na ban tsoro, kuma a shekarar ce ya sami rawar da ya daɗe yana nema, ta Raskolnikov, jarumin labarin, a fim ɗin da aka ciro daga littafin marubucin Rasha Dostoevsky. Kafin a yanke hukunci a kan kowane fim, a binciko wane kamfani ne ke riƙe da shi a shekarar.

Wajen kallo kuwa, a ajiye agogo a kusa, a ƙidaya mintunan da ya yi a allo. A Casablanca na 1942 Lorre ya fito a matsayin Ugarte, dillalin takardun fita ƙasa, wanda ya miƙa wa mai gidan rawa wasu takardu biyu ajiya, aka ɓoye su a cikin piyano, 'yan sanda suka cafke shi yana roƙon a cece shi, daga nan kuma ba a sake ganinsa ba. 'Yan mintuna kaɗan ke nan, amma a kan takardun nan ne sauran labarin duka ya rataya. A duba kuma waɗanda suke tsaye a gefensa, domin baƙo ba ya zuwa shi kaɗai. Conrad Veidt, wanda ya fito a matsayin hafsan Nazi, shi ma gudun 'yan Nazi ya yi daga Jamus. Marcel Dalio, wanda babban tauraro ne a finafinan darakta Jean Renoir a Faransa, a nan teburin caca aka ba shi ya tsare. Daraktan fim ɗin kansa, Michael Curtiz, ɗan Hungari ne.

A ƙarshe a binciki ko ya taɓa komawa gida, da abin da ya tarar. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu Lorre ya koma Jamus ta Yamma, ya ba da umarni kuma ya fito a fim ɗin Der Verlorene a 1951, labarin wani likita mai bincike da ya yi kisa a zamanin Nazi. 'Yan kallon Jamus ba su karɓe shi ba, shi kuma bai sake ba da umarnin wani fim ba. Ya dawo Amurka ya ci gaba da ƙananan fitowa a fim da talabijin, ciki har da rawar abokin gabar James Bond a wani shirin talabijin na 1954. A nan ne ya kamata mai rubutu ya yi taka-tsantsan da batun lafiyarsa: ya daɗe yana fama da ciwon matsarmama, kuma allurar mofin da likitoci suka ba shi don rage zogi ta zame masa jaraba ta shekaru masu yawa. A faɗi wannan sau ɗaya, a wurin da ya shafi aikinsa, a wuce. Finafinansa na ƙarshe da aka fi tunawa su ne na ban tsoro da ban dariya da ya yi da darakta Roger Corman da ɗan wasa Vincent Price a 1962 da 1963. Ya rasu a Los Angeles ranar 23 ga Maris, 1964, sakamakon bugun jini a ƙwaƙwalwa, yana da shekara 59.