Ga ɗan Nijar da ya sauka Zariya da kyamara a rataye

Ƙanena, sannu da hanya. Tunda ka ce irin fim ɗin nan na gwaji kake son yi, wanda ba jarumi ba waƙa, bari in rage maka wahalar da na sha.

Fara da ƙaramin abu. Kan cajar da ka zo da ita daga Maraɗi mai baki biyu ce, soket ɗin nan kuwa baki uku ne, sai ka sayi adafta a kasuwar Sabon Gari tun ranar farko. Kada ka ce "kuran", nan wuta ake cewa, kuma ba ta sallama in za ta tafi. Batir biyu, da adana aikinka a kwamfuta kowane minti goma in kana tace fim. Kabu-kabu kuma acaɓa ne.

Ɗaki ka nema a Samaru, kusa da Jami'ar Ahmadu Bello, ko da ba karatu ya kawo ka ba. Can akwai sashen wasan kwaikwayo da dandalinsu na ginin ƙasa, ga kuma sashen zane-zane, magajin makarantar da su Uche Okeke da Bruce Onobrakpeya suka kafa ƙungiyarsu a 1958 don su daina kwaikwayon zanen Turawa ido rufe. Ɗaliban nan su ne za su riƙe maka makirfo a kan farantin shinkafa da wake, su ne kuma za su zauna su kalli minti bakwai na inuwar bango ba su tashi ba.

Sauran jama'a kuwa, shirya wa tambaya guda: "To ina labarin?" Kano na nan kusa, idon mutane ya saba da Kannywood. Kada ka ji haushi. Ni nakan ba su labarin Moustapha Alassane namu, wanda ya fara da kanikanci, ya koyi sarrafa zane mai motsi a Kanada wajen Norman McLaren, a 1966 ya yi fim da kwaɗi yana zolayar shugabannin ƙasa masu yawon ziyara. Ƙarshen rayuwarsa a Tawa ya yi, yana riƙe da otal yana ci gaba da aikinsa har ya rasu a 2015. Da an ji kwaɗi sai a yi dariya, hira ta buɗe.

Babban abin shi ne cikin birni. Satina na biyu na kafa kyamara kusa da Ƙofar Doka ina ɗaukar hazo yana cinye ganuwa. Wani dattijo ya dafa kafaɗata ya ce, "Yaro, wa ka gaisar?" Ban da amsa. Shi ya kai ni wajen mai unguwa, na durƙusa na yi bayani, aka haɗa ni da yaron da ya nuna mini lungunan da ni kaɗai ba zan taɓa gano su ba. Tun daga ranar, kwana ɗaya nake warewa na gaisuwa, kyamara na gida. Mata kada ka ɗauka sai da izini, zaure kuma iyakarka ne.

Barikin soja da kwalejin koyon tuƙin jirgin sama, ko da wasa kada ka juya musu kyamara. In fili kake so, tafi Kufena da sassafe, kafin rana ta wanke launin dutsen.