Yadda ake neman tsofaffin hotuna masu motsi don fim ɗin tarihi

Kuskuren da na fi gani wajen masu tasowa shi ne su sauko da hoto daga YouTube, su dasa shi cikin aiki, sai an gama tacewa (wato yankawa da haɗa fim ɗin) sannan a fara cigiyar mai shi. A lokacin kuwa bakin alƙalami ya bushe.

Fara da rubuta abin da kake nema dalla-dalla. Kada ka ce "Arewa a da". Ka ce dalar gyaɗa a Kano, ko hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956. Sannan ka nema da harshen waɗanda suka ɗauka, domin su suka rubuta bayanin. Faransawa ma "Haoussa" suke rubutawa. Don Nijeriya ka leƙa British Pathé, ma'ajiyar tsofaffin labaran fim ta Birtaniya, wadda ta ɗora fina-finai kusan 85,000 a YouTube a 2014, da rumbun kamfanin dillancin labarai na AP da na BFI, cibiyar fina-finai ta Birtaniya. Don Nijar, INA, rumbun rediyo da talabijin na Faransa. A gida akwai rumbun fina-finai na ƙasa a Jos.

Ga inda nake so ka nutsu. Duk hoton da ya burge ka, kafin ya shiga kwamfutarka, rubuta sunan rumbun, lambar fim ɗin, daga minti nawa da daƙiƙa nawa zuwa ina, da wanda ke da haƙƙinsa. Ni a littafi mai bango nake rubutawa, kuma haka nake sa yarana su yi. Na taɓa gina minti uku a kan hoton leburori suna loda buhunan gyaɗa a jirgin ƙasa, har mai sharhi ya ɗora murya daidai da kowane ɗagin buhu. Da na tuntuɓi wanda ya ɗora shi, ya ce shi ma a wani tsohon kaset ya tsinta. Saura mako guda a nuna fim na cire shi, raina a ɓace. Tsufan hoto ba ya nufin ba shi da mai shi.

Idan ka rubuta wa rumbu, faɗa musu daƙiƙa nawa kake so, a ina za a nuna (talabijin, bikin fina-finai ko intanet), a waɗanne ƙasashe, na shekara nawa. Da waɗannan ake yanke farashi. Yi tacewarka da kwafin gwaji mai tambari a jiki. Kada ka biya kuɗin mai tsabta sai ka rufe aiki, don rabin abin da ka zaɓa ba zai tsira ba.

Kiɗan da ke cikin hoton sau da yawa haƙƙinsa daban ne, ka tambaya. Kada ka miƙe tsohon hoto don ya cika allon zamani, fuskoki kumbura suke yi. Kaset ɗin biki ko na hawan salla da ka samo a gidan wani, karɓi izini a rubuce, ka kwafa, ka mayar musu da abinsu a ranar.