Ka Bar Dodon a Bayan Ƙofa

Ɗaki ɗaya da ɗan wasa ɗaya sun ishe ka fim ɗin ban tsoro na minti biyar. Ni nakan kafa kyamara a fuskarsa, in bar ta daƙiƙa 20 ba yanka, sannan in nuna ƙofar da aka ɗan sakaya. Tun sama da shekara 100 Lev Kuleshov, wani mai shirya fim na Rasha, ya nuna cewa hoton da ya biyo fuska shi ke ba ta ma'ana.

Kiɗa kuwa, rabu da shi. Fim ɗina na farko na cika shi da kiɗa, 'yan kallo suka yi ta dariya. Bar famfo ya riƙa ɗiga, takun sawu ya taho ya ɗauke. Kofin shayin da ke kan tebur, gusar da shi kaɗan tsakanin hoto da hoto, kada kowa ya tanka.