Kalmomin Jamusanci da ke cinye kuɗin sabon zuwa

Lafazin Jamusanci ba shi ne abin tsoro ba, cikin mako guda kunne ke sabawa. W ɗinsu "v" ne, V kuma "f", ei ana kiransa "ai", sch kuwa "sh". Z ta yi kusa da "ts" ɗinmu, sai dai ba a matse maƙogwaro. Anmeldung rajistar adireshi ce, cikin kwana 14 da tarewa. Termin, wato "tarmiin", shi ne lokacin da ofis ya yanka maka. Wannan duk wani ɗan'uwa a Hamburg ko Berlin zai koya maka a zama ɗaya.

Inda ake kuka shi ne takardun mai gida. Za ka ga Kaltmiete, "kalt-miita", Yuro 500, ka ce ka samu araha. Kuɗin ɗaki ne zalla. Ruwa, ɗumama gida da kwashe shara suna cikin Nebenkosten, sai an haɗa su ya zama Warmmiete, kuma galibi wutar lantarki da intanet suna waje. Abin da kake biya na Nebenkosten duk wata ma galibi ƙiyasi ne. Shekara na zagayowa lissafi zai zo, in ka ga Nachzahlung, ciko ake bin ka. Akwai yaron da ya kwashe hunturu yana kunna na'urar ɗumama ɗaki dare da rana, taga a buɗe, wai iska yake so. Sai da muka yi masa karo-karo bayan sallar Juma'a. Mutanenmu ba sa barin nasu a ƙasa, amma ba kullum ake kwana a gado ba.

Kaution, "kautsiyoon", kuɗin ajiya ne. Doka ta ce kada ya wuce Kaltmiete na wata 3, kuma kana da damar biya kashi uku. Wanda ya nemi fiye da haka, ko ya ce ka tura kafin ka ga ɗakin, ka kama gabanka.

Sai doguwar nan, Wohnungsgeberbestätigung. Ka yanka ta gunduwa-gunduwa: gida, mai bayarwa, tabbatarwa, wato takardar da mai gida zai ba ka ta shaidar ka tare a gidansa. Tun Nuwamba 2015 ba a yin rajista sai da ita. Mai gidan da ya ce "ohne Anmeldung", wato babu rajista, yana nufin ba zai ba ka takardar ba, kuma babu rajista babu lambar haraji, buɗe asusun banki ma sai an sha wuya.

Kündigung kuwa sanarwar tashi ce: wata 3 kafin lokaci, a takarda, da sa hannunka. Saƙon WhatsApp ba ya aiki. Na gaji da ganin masu kwashe kaya su miƙa makulli, su ɗauka an rabu, sannan Mahnung, wasiƙar tunin bashi, ta biyo su sabon gida. Duk wasiƙar da ka ga kalmar Frist a ciki, wa'adi ne. Ka ɗauki hotonta ka tura wa wanda ya riga ka zuwa a ranar, kada ka cusa ta ƙarƙashin katifa.