Kurakuran masu gyaran firij da AC wajen sauya gas

Tun 1987 ƙasashen duniya suka ƙulla Yarjejeniyar Montreal a Kanada domin daina amfani da sinadaran da ke cinye rufin ozon, wanda yake tare mana hasken rana mai ƙona fata da lalata ido. Gas ɗin R-12 na tsofaffin firij, wa'adinsa ya cika a ƙasashe masu tasowa tun 2010. R-22 na AC kuwa, ana son kawar da kusan dukkansa zuwa 2030. Cikar wannan buri tana hannun mai gyara a shagonsa.

Kuskuren da ya fi damuna shi ne sakin gas a iska. Za a canja kwamfuresa, sai kawai a datse bututu, gas ya fice fuu. Sinadarin kulorin da ke cikin R-22 sama yake haurawa, kuma ƙwayarsa ɗaya tana wargaza dubban ƙwayoyin ozon. Daidai shi ne a zuƙe gas ɗin da inji zuwa silinda. Na san injin da tsada, amma shaguna uku ko huɗu za su iya haɗa kuɗi su saya, tunda gas ɗin da aka tara shi ma kuɗi ne. In AC mai gida biyu za a cire, a fara tattara gas a injin waje, a rufe bawul, sannan a kwance bututu.

Sai ƙara gas ba a nemo yoyo ba. Bayan wata biyu mai kaya ya dawo yana faɗa. A nemi yoyon da iskar naitirojin da ruwan sabulu. Ban da iskar oksijin ta masu walda, domin in ta haɗu da man kwamfuresa fashewa take yi.

Wasu kuma duk gas ɗin da ke shago shi suke ɗurawa. R-410A, wani gas ɗin AC, ya fi R-22 matsi sosai, man kwamfuresarsu ma ba iri ɗaya ba ne. A karanta abin da aka rubuta a jikin na'ura tukuna.

Yawancin sababbin firij R-600a suke amfani da shi. Ba ya taɓa ozon, amma yana kama wuta. Kada a kusanto da wutar walda sai an tabbatar bututu ya wofinta, a buɗe ƙofa da taga, kuma a auna gas ɗin da sikeli, giram-giram, yadda kamfani ya rubuta a bayan firij.