Yadda za a bi da matashin da ya kulle kansa a ɗaki

A Japan ana kiran abin hikikomori: mutum ya shafe wata shida ko fiye a gida, ba makaranta, ba aiki, ba hulɗa da kowa sai 'yan gidansu, su ma da ƙyar. Likitan ƙwaƙwalwa Saito Tamaki ne ya yayata kalmar a 1998, kuma ƙiyasin da gwamnatin ƙasar ta fitar a 2023 ya kai mutum miliyan 1.46, 'yan shekara 15 zuwa 64. Wasu a ɗaki furfura ta same su, har ake cewa "matsalar 8050", wato iyaye 'yan 80 suna ci da ɗa ɗan 50.

Mu a Gusau ko Ƙauran Namoda ba mu raɗa wa abin suna ba, amma mun san yaron. Ya faɗi JAMB sau biyu, ko 'yan bindiga sun taso su daga ƙauye, ya shige ɗakinsa na zaure, kwanon tuwo yana bakin ƙofa har ya sandare. Sai a ce zuciyarsa ta mutu, ko sammu ne.

Matakin farko na iyaye ne, ba nasa ba. Ku je asibiti ko da ya ƙi bin ku, ku faɗa wa likita yaushe abin ya fara, yadda yake barci da cin abinci. Idan yana magana shi kaɗai, ko yana jin muryoyi, ko ya ambaci kashe kansa, kada a kwana: wannan ciwo ne mai magani, ga asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kware, jihar Sakkwato.

Sannan a dawo da magana, kuma nan ne aikin yake. A zaɓi mutum ɗaya da yake jin nauyinsa ba tsoronsa ba, inna ko kawu. Safe da yamma a ƙwanƙwasa, a ce "Ɗan nan, ka tashi lafiya?" a wuce. Ko bai amsa ba an isar da saƙo. Makonnin farko ban da zancen aiki, aure ko "ga ɗan wane ya kama sana'a". Kunya ce ta tura shi ciki, gori ƙara masa sakata yake yi. Taron dangi a kansa ma haka. Kada a ƙwace waya, ta nan yake leƙa duniya. A yanka masa ɗan kuɗi duk wata, tsayayye, domin mai zuwa sayen kati ya riga ya taka waje.

In ya fara amsawa, a aike shi shagon unguwa bayan isha'i lokacin da hanya ta yi sauƙi. Daga nan aboki ɗaya, sai masallacin unguwa. Juma'a da cunkosonta sai daga baya. Zai iya komawa ɗaki na kwanaki, a koma gaisuwa daga farko.

Ɓalle ƙofa shi ne kuskure mafi muni. A Japan akwai kamfanonin da ake biya su fito da mutum da ƙarfi, wasunsu sun ƙare a kotu, kuma wanda aka yi wa haka yana iya daina yarda da iyayensa. Gidan mari namu bai fi su ba. Abin da iyayen can suka ga amfaninsa shi ne haɗa kai: sun kafa ƙungiyar KHJ a 1999, kuma daga 2009 gwamnati ta fara buɗe cibiyoyin tallafi a larduna. Gida uku masu irin wannan damuwa a unguwa ɗaya sun isa fara zama sau ɗaya a wata.