Taliya mai kirim da kaza da laimar kwaɗi

Uwargida, tanadi taliya rabin leda, ƙirjin kaza 2, laimar kwaɗi ta ci kamar cikin kofi 2, kirim ɗin girki kofi 1, albasa, tafarnuwa, bota, masoro, gishiri da dunƙule. Laimar ki saya a kanti. Kada ki tsinko wadda ke fitowa a gindin bishiya da damina, wasunsu guba ne.

1. Ki yanka kazar ƙanana, ki barbaɗa gishiri da masoro, ki soya a bota har ta yi ja. Kwashe.

2. A kaskon nan dai, zuba laimar a yayyanke. Nan ake yin haƙuri. Za ta fitar da ruwa sosai. Ƙyale ta, kada ki dame ta da juyi, har ruwan ya ƙone gefenta ya soyu. Idan kika yi gaggawa, sai ta fito lagwab ba ƙamshi.

3. Sa albasa da tafarnuwa, minti 2.

4. Rage wuta can ƙasa kafin ki zuba kirim, don wuta mai ƙarfi tana tsinka shi. In babu kirim, madarar ruwa ta gwangwani da cokalin fulawa za su yi. Mayar da kazar, sa dunƙule.

5. Dafa taliya da gishiri, ki tace tun da ɗan sauran ƙarfinta, amma ki ajiye ludayi ɗaya na ruwan. Juye ta cikin miyar. In ta yi kauri, sassauta da ruwan nan.

A ci da zafinta, don tana hucewa take daskarewa.